Nadama da Mayar da Haƙƙi: Darasi Daga Finafinan Masu Laifi

Dukkan yabo da godiya sun tabbata ga Allah, Masanin abin da ƙiraza suke ɓoyewa, wanda ya bar ƙofar tuba a buɗe ga bayinsa matuƙar rai bai kai ga maƙoshi ba. Tsira da aminci su tabbata ga Shugabanmu Annabi Muhammadu, wanda mutanensa suka kira amintacce tun kafin a aiko shi, da alayensa da sahabbansa da duk wanda ya bi tafarkinsu har zuwa ranar sakamako.

Bayan haka, ya ku ƴan'uwa Musulmi, mai yiwuwa ne wani ya ga kan wannan darasi ya ce: me ya haɗa liman da sinima? Tambayar tana bisa hanya, kuma ga amsarta.

Wata rana bayan sallar isha'i, wani bawan Allah ya tsaya har jama'a suka watse, sa'an nan ya matso ya ce yana da magana. Ya ba mu izinin mu faɗi labarinsa, da sharaɗin kada mu ambaci sunansa ko garinsu. Ya ce a wata shekarar yunwa an sa shi cikin masu sauke hatsin agaji da rubuta sunayen mabuƙata. Waɗanda suke sama da shi suna ɗiban nasu kashi tun kafin a fara rabo, kuma don kada ya yi magana sai suka riƙa tura masa nasa. Kafin damina ta faɗi ya karɓi buhu 11, ya sayar. Ya ce: "Malam, tun daga lokacin barcina bai cika ba. Kwanan nan na kalli wani fim a wayar ƙanena, na ga wani babban ɓarawo ya yi kuka, ya kai dukiya wurin ibadarsu, sa'an nan ya mutu, duk masu kallo suna jin tausayinsa. Sai na ce wannan ni ne. Na yi nadama, kuma na yi niyyar in saya wa masallaci dardumai da lasifika. Shin wannan ya isar mini?"

Mun ba shi amsa a daren nan, za mu kuma maimaita ta a ƙarshen darasi. Amma abin da ya tsaya mana a rai shi ne, wannan mutum daga fim ya ɗauko surar tubarsa. Kuma ba shi kaɗai ba ne. Daga Garazu har Gure, duk inda aka sami farantin hasken rana da wurin cajin waya, za ka tarar da samari sun haɗa kai suna kallon finafinan ƴan fashi da ƴan sanda, na Kano da na Indiya da na Amurka, da yawansu an juya su zuwa Hausa. Malamin da bai san abin da almajiransa suke sha da dare ba, da wuya ya san maganin da zai ba su da safe. Don haka muka zauna da wani malamin lakwal da ya daɗe yana bin wannan harka, muka duba waɗansu daga cikin finafinan nan, muka auna su da ma'aunin shari'a.

Fasali na farko: Matsayinmu game da kallo

Ku sani, Allah ya yi muku rahama, ba mu rubuta wannan don mu kira kowa zuwa ga kallo ba. A cikin yawancin finafinan nan akwai tsiraici da kaɗe-kaɗe da shan giya da ƙawata zubar da jini, kuma runtse ido daga haram wajibi ne, ko a kasuwa ko a fuskar waya. Wanda kallo ya sa ya makara ga sallar asuba, hasararsa ta fi ribarsa. Sai dai gaskiya kayan mumini ce, duk inda ya tsince ta ya fi kowa cancantar ɗauka. Masu shirya finafinan nan sun ga waɗansu abubuwa na gaskiya game da zuciyar mai laifi da ruɓewar ma'aikatu, sun kuma bar wani abu guda wanda shi ne ginshiƙin al'amarin duka. Za mu faɗi abin da suka gani, sa'an nan mu nuna abin da suka bari.

Fasali na biyu: Addini idan ya zama riga

Abu na farko da suka gani shi ne, babban mai laifi ba ya gudun wurin ibada, yana ma neman sahun gaba. A shekarar 1972 wani Ba'amurke mai suna Francis Ford Coppola ya fitar da fim ɗin The Godfather, labarin wani gida na ƴan ta'adda masu asali daga tsibirin Sisili na ƙasar Italiya. Kusa da ƙarshen fim ɗin, magajin gidan, Michael Corleone, yana tsaye a cikin coci wurin bikin shigar da ɗan ƴar'uwarsa addininsu. Limamin cocin yana tambayarsa ko ya rabu da Shaiɗan da ayyukansa, yana amsawa da cewa ya rabu, alhali a daidai wannan sa'a yaransa suna bin abokan gabarsa ɗaya bayan ɗaya suna harbewa da umurninsa. Harshe yana wuri guda, hannu yana wani wuri.

Kada wani ya ce wannan halin Nasara ne, bai shafe mu ba. A wannan shekarar ta 1972, a bikin finafinan Afirka na FESPACO da ake yi a Wagadugu, ɗan ƙasarmu marigayi Umaru Ganda ne ya fara karɓar babbar kyautar bikin, da fim ɗinsa Le Wazzou polygame. Labarin wani mutum ne da ya dawo daga Makka ana kiransa Alhaji, ya sa ido ga yarinyar da aka riga aka yi wa wani saurayi alkawarinta, ya yi amfani da dukiyarsa da girmansa ya karɓe ta, al'amarin ya ƙare da kisan kai a cikin gida. Bayansa kuma ya yi Saitane, inda ya nuna wani mai sunan malanta yana shiga tsakanin matar aure da wani mai kuɗi don abin da zai samu.

Wanzami ba ya son jarfa, kuma mu masu rawani ba mu jin daɗin ganin irin wannan. Amma idan muka yi adalci, Alƙur'ani ya riga Umaru Ganda faɗa. Aya ta 34 ta Suratut Tauba ta ba da labarin malamai da masu ibada na mutanen Littafi waɗanda suke cin dukiyar mutane da ƙarya, kuma magabata sun ce ba a ba mu labarinsu ba sai don kada mu bi sawunsu. A cikin surar nan kuma, aya ta 107, aka ambaci masallacin da munafukai suka gina a Madina don cutarwa, wanda aka hana Manzon Allah (S.A.W.) tsayawa a cikinsa. Ashe ginin masallaci ma yana iya zama laifi idan niyyar da ke ƙarƙashinsa ta ɓaci. Aya ta 45 ta Suratul Ankabut ta sanar da mu cewa aikin salla shi ne hana alfasha da abin ƙi. To, wanda ya shekara ashirin a sahun farko hannunsa bai fita daga baitulmali ba, sai ya binciki sallarsa.

Fasali na uku: Yadda ma'aikata take cinye mutumin kirki

Abu na biyu da suka gani shi ne, yawancin masu cin amana ba a haife su ɓarayi ba. A shekarar 1972 ɗin dai, marigayi Mustafa Alasan, wanda ya rasu a 2015, ya fitar da fim mai suna F.V.V.A., watau haruffan farko na kalmomin Faransanci huɗu masu nufin mata, motoci, manyan gidaje da kuɗi. Labarin wani ƙaramin ma'aikacin gwamnati ne mai suna Ali, wanda yake zaune lafiya da ɗan albashinsa, har buƙatun aure da na dangi da son a ce shi ma wani ne suka yi masa yawa, ya sa hannu a kuɗin da ba nasa ba, aka kai shi gidan kaso. Duk masu cin arzikinsa suka watse, sai uwargidansa kaɗai ta jira fitowarsa.

Ku lura da shekarar. Shekara biyu bayan fitar fim ɗin, ranar 15 ga watan Afrilu na 1974, soja ƙarƙashin Seyni Kunce suka kifar da gwamnatin Diori Hamani, kuma daga cikin manyan dalilan da suka bayar akwai karkatar da abincin agaji a lokacin babban farin da dattawanmu ba su manta ba. Tun daga nan ba a daina kafa hukumomi ba. A 2006 badaƙalar kuɗin ma'aikatar ilimin firamare ta kai tsoffin ministoci biyu gidan kaso. A 2011 aka kafa hukumar HALCIA don yaƙi da cin hanci, a 2023 kuma aka kafa COLDEFF don ƙwato dukiyar ƙasa. A maƙwabta ma labarin ɗaya ne, shi ya sa shirin Kwana Casa'in, wanda tashar Arewa24 ta fara nunawa a 2019 a kan ƴan siyasar wata jiha ta ƙage, ya sami masu kallo har a ƙauyukanmu: kowa ya gane fuskokin, ko da an sauya sunaye.

Abin da fim ɗin Mustafa Alasan ya tona, wanda hukuma ba ta iya kamawa, shi ne rabon dangi a cikin laifin. In ɓera da sata, daddawa ma da wari. Mu ne muke cewa ɗanmu ya shekara biyar a duwan bai gina wa mahaifinsa ko ɗaki ba. Mu ne muke kiran ma'aikacin da ya yi ritaya da keke wawa, mu kira wanda ya dawo da motoci uku mai albarka. Kowa a gari ya san albashin ba zai sayi motar ba, amma ba wanda yake tambaya, domin kowa yana jiran nasa ɗan ihsani ranar salla.

Wanda ya ƙi ci kuwa, ma'aikatar da ta ruɓe ba ta barinsa lafiya. Fim ɗin Serpico na 1973 labarin gaskiya ne na wani ɗan sanda a birnin New York, Frank Serpico, wanda ya ƙi karɓar kason da abokan aikinsa suke tarawa daga ƴan caca da dillalan ƙwaya. Ya kai ƙara ga manyansa shekara da shekaru ba a yi kome ba, sai da jarida ta buga labarin a 1970 sa'an nan aka kafa kwamitin bincike. A watan Fabrairu na 1971 aka harbe shi a fuska wurin wani samame, ya rayu, ya ba da shaida, ya ajiye aikin ya bar ƙasar. Abokan aikinsa sun ƙi shi domin hannunsa mai tsabta yana tona nasu. Irin dabarar da aka yi wa mai tambayarmu ke nan: an ba shi buhunan ne don a ɗaure bakinsa, domin wanda ya ci ba ya iya faɗa.

Shari'a ta toshe wannan ƙofa tun daga bakinta. Buhari da Muslim sun ruwaito labarin Ibnul Lutbiyya, wanda Manzon Allah (S.A.W.) ya aika karɓar zakka, ya dawo ya ware wani kashi ya ce wannan kyauta aka yi masa. Annabi (S.A.W.) ya hau mumbari ya yi faɗa, ya nuna cewa da mutumin ya zauna a gidan iyayensa ba wanda zai kawo masa kyautar, kuma duk wanda ya ɗauki wani abu ta wannan hanya zai zo da shi a wuyansa ranar alƙiyama. Abu Dawuda da Tirmizi sun ruwaito la'anta a kan mai ba da rashawa da mai karɓa. Aya ta 188 ta Suratul Baƙara ta hana kai dukiya ga mahukunta don a ci haƙƙin wani. Kuma lokacin da Usama ɗan Zaidu (R.A.) ya nemi ceton matar nan ta ƙabilar Makhzum da ta yi sata, Annabi (S.A.W.) ya bayyana cewa abin da ya halaka al'ummun farko shi ne ƙyale babba idan ya yi sata da hukunta mai rauni. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ma, a cikin Kitabul Farƙi, ya lissafa abin da ake kira gaisuwa ga masu mulki da cin hancin alƙalai cikin alamomin mulkin zalunci. Sunan yana sauyawa, jiya gaisuwa, yau goro ko kuɗin mai, amma hukuncin yana nan.

Fasali na huɗu: Inda fim yake tsayawa

Abu na uku da suka gani shi ne, zunubi yana cin mai shi daga ciki. Wannan ma gaskiya ne. Allah ya yi rantsuwa da rai mai yawan zargin kansa a farkon Suratul Ƙiyama, kuma hadisin Nawwas ɗan Sam'an da ke cikin Muslim ya siffanta zunubi da abin da yake kai-kawo a ƙirji, wanda mutum ba ya son a tsinkaya. Rashin barcin mai tambayarmu alama ce ta cewa zuciyarsa tana da sauran rai.

Dattawan da suka yi kallon finafinan Indiya a gidajen sinima na Damagaram da Maraɗi za su tuna Deewaar na 1975, wanda Amitabh Bachchan ya fito a cikinsa. Ƴan'uwa biyu ne, uwa ɗaya uba ɗaya: babban ya zama ɗan fasa-ƙwauri, ƙaramin ya zama ɗan sanda. Babban yana ɗauke da wata lambar ƙarfe ta aikin dako mai lamba 786, wadda Musulmin Indiya suke ɗauka a madadin Basmala ta hanyar hisabin haruffa, ya mai da ita laya, yana ganin ita ke tsare shi daga harsashi alhali yana tsaka da saɓo. Ya tara dukiya ya sayi babban gida, uwarsa ta ƙi zama a ciki, ta bi ɗanta mai ɗan albashi. A ƙarshe lambar ta faɗi, ƙanensa ya harbe shi, ya ja jiki zuwa ɗakin bautarsu ya mutu a cinyar uwarsa. Mun bar shirkar da ke ciki ga masu ita. Amma akwai darasi biyu: sunan Allah ba ya zama garkuwar mai cin haram, kuma uwar da ta ƙi gidan haram ta fi iyaye da yawa daga cikinmu fahimta.

Haka kuma a kashi na uku na The Godfather, wanda ya fito a 1990, Michael Corleone ya tsufa, jinin ɗan'uwansa da ya sa aka kashe yana binsa. Ya ba cocinsu kyautar dala miliyan 100, aka rataya masa lambar girma, ya je gaban wani babban limaminsu ya yi kuka ya faɗi laifinsa. Masu fim ɗin sun jingina labarin ga abin da ya faru da gaske a 1982, lokacin da bankin Ambrosiano na Italiya, mai hulɗa da bankin fadar Paparoma, ya rushe, aka tsinci gawar shugabansa Roberto Calvi a rataye ƙarƙashin wata gada a Landan. A ƙarshen fim ɗin an harbe ƴarsa a gabansa, shi kuma ya mutu shi kaɗai a kan kujera.

To, a nan ne muke son ku buɗe ido. A cikin waɗannan labarai mai laifi yana kuka, yana kyauta ga wurin ibada, yana mutuwa cikin ban tausayi. Amma ba ka ganin ya tafi gidan marayun da ya kashe wa uba ya tsuguna, ba ka ganin ya ƙirga abin da ya ƙwace ya mayar. Waɗanda aka zalunta ba su da fuska a fim, ana harbe su a wuce. Mai kallo yana tashi da tausayin azzalumi, ya manta da wanda aka zalunta. Dalili kuwa a fili yake: hawaye da mutuwa suna da daɗin kallo, biyan bashi ba shi da shi. Wannan gurguwar tuba ita ce samarinmu suke haddacewa.

Fasali na biyar: Tuba kamar yadda malamai suka karantar

Wani ɗalibi zai ce: ai ya zo a hadisi cewa nadama ita ce tuba. Haka ne, Ahmad da Ibnu Majah sun ruwaito shi. Malamai sun ce ma'anarsa nadama ce mafi girman rukunin tuba, kamar yadda aka siffanta hajji da tsayuwar Arfa, alhali ba wanda ya ce a bar ɗawafi. Duk wanda ya karanta Ahalari a zaure ya san tun a shafukan farko aka ambaci sharuɗɗan tuba da wajabcin mayar da kayan zalunci. Imam Nawawi ma ya jera su a Riyadus Salihin: barin saɓon nan take, nadama a kansa, ƙudurin ba za a koma ba, kuma idan laifin ya shafi haƙƙin ɗan Adam, sai an fita daga haƙƙin mai shi.

Allah yana yafe nasa haƙƙin ga wanda ya so, kuma aya ta 53 ta Suratuz Zumar ta hana yanke ƙauna kome girman zunubi. Amma haƙƙin bawa yana nan sai an biya ko mai shi ya yafe. Muslim ya ruwaito hadisin matsiyacin gaske, wanda zai zo da salla da azumi da zakka, amma ya zagi wannan, ya ci dukiyar wancan, sai a yi ta ɗiban ladansa ana biya, idan ya ƙare a ɗebo zunubansu a aza masa. Kuma hadisi na 10 cikin Arba'una ya sanar da mu cewa Allah mai tsarki ne, ba ya karɓar sai mai tsarki. Jiran ranar mutuwa kuwa, irin na jaruman fim, aya ta 18 ta Suratun Nisa'i ta rufe wannan hanya, kuma imanin Fir'auna a cikin ruwa bai amfane shi ba.

Akwai kuma hadisin mutumin da ya kashe rai 99, ya tambayi wani mai ibada marar ilimi, ya ce masa ba shi da tuba, ya cika 100 da shi. Da ya sami malami na gaske, sai ya buɗe masa ƙofa, ya kuma umurce shi ya bar garinsu domin garin mugunta ne. Wannan magani ne ga duk wanda yake aiki a inda ba a zama sai an ci: idan kana iya tsayawa ka ƙi, ka tsaya, ladanka mai girma ne. Idan ka san za a rinjaye ka, to neman wani aiki ya fi maka.

Ga amsar da muka ba mai tambaya. Muka ce masa: buhu mai kilo 50 yana ɗaukar wajen tiya 20, buhu 11 tiya 220 ke nan. Gidan da yake cin tiya guda a wuni, ka ɗauke masa abincin fiye da wata 7. Hatsin nan ba na masallaci ba ne, ba ka da ikon yi wa Allah kyauta da shi. Kai ne ka rubuta sunayen, ka san garuruwan da aka yi wa ƙwange. Ka mayar musu da hatsi irinsa, ga waɗanda suke raye ko magadansu. Wanda ka kasa ganewa bayan ka yi iyakar ƙoƙari, ka ba matalautan garin da niyyar ladan ya je ga mai haƙƙin. Ba dole ne ka tona kanka a kasuwa ba, kana iya aikawa ta hannun amintacce. Idan ba ka iya biya gaba ɗaya, ka rubuta shi bashi a kanka, ka sa shaidu biyu, ka riƙa biya kowace kaka, ka kuma yi wasiyya a fitar da saura kafin rabon gado. Ya yi shiru, sa'an nan ya ce wannan ya fi sayen lasifika wuya. Muka ce masa haka ne. Bayan girbi ya kawo buhu 2 na farko, muka sa aka kai inda ya nuna.

Fasali na shida: Rabon masallaci

Ya rage mu juya ga kanmu, mu limamai da ƴan kwamitin masallatai. Masallatanmu na karkara suna da buƙata: rufi yana zuba, rijiya tana son gyara, malamin allo ba shi da abin sawa a baka. Idan mai babbar mota ya zo da ambulan, hannu yana rawa. Ba a umurce mu da binciken aljihun kowa ba, kuma asalin Musulmi a kyautata masa zato. Amma malamai sun yi bayani cewa abin da aka san ainihinsa na sata ne ko na ƙwace, bai halatta a karɓa ba, ko da sunan sadaka. Idan muka karɓi irin wannan, muka yi wa mai shi doguwar addu'a a lasifika, muka tayar da talaka daga sahun farko don a shimfiɗa masa darduma, to mun sayar masa da kwanciyar rai ta ƙarya, mun kashe masa nadamar da za ta iya kai shi ga tuba, kuma mun zama limaman nan da muke jin haushin gani a fim. Yaran da suke bayan sahu suna kallonmu, kuma abin da suka gani a wurinmu ya fi abin da suka ji a huɗuba zama a zukatansu.

Saboda haka muna kira ga abubuwa huɗu. Na ɗaya, kowane kwamitin masallaci ya riƙa karanta wa jama'a abin da ya shigo da abin da ya fita, domin mai wa'azin amana shi ya kamata ya fara nuna littafinsa. Na biyu, idan aka zo rabon agaji ko sayar da hatsi da rahusa, a karanta sunaye da adadi a bainar jama'a, dattawa su tsaya har a gama. Na uku, iyaye da mata su daina aza wa ma'aikaci abin da albashinsa ba ya ɗauka, su kuma tambaye shi inda ya samo abin da ya kawo. Na huɗu, uba ya zauna da ɗansa ya tambaye shi abin da ya kalla, ya ce masa: wannan jarumin da ka tausaya wa, wa ya biya mutanen da ya cuta?

Duk wanda ya san akwai haƙƙin wani a wuyansa, ko tiya guda ce, ƙofarmu a buɗe take bayan kowace salla, kuma asirinsa a rufe yake in Allah ya yarda.

Allah ya sa mu cikin masu tuba tun da sauran numfashi, ya tsare hannuwanmu daga dukiyar marayu da ta jama'a, ya ba shugabanninmu tsoronsa, ya ba mu damina mai albarka da zaman lafiya a ƙasarmu. Abin da muka faɗa daidai daga Allah ne, kuskure kuwa daga gare mu ne da Shaiɗan. Allah ne mafi sani.

Wassalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.